Dutsen da Kawu Ya Raɗa wa Suna

Na Allah ne mu, kuma gare Shi kowa zai koma. Kawu ya koma ranar wata Laraba da hantsi, a ɗakinsa, cikin gidan da ya riƙe ni a nan Arlit, bayan tarin da ya daɗe yana cin ƙirjinsa. Kafin la'asar an kai shi makwanci.

Mun shimfiɗa tabarmi a ƙofar gida muna zaton za su isa, sai da aka aro na masallaci aka ƙara. Tsofaffin abokan aikinsa na wurin haƙar yuraniyom sun zo, waɗanda suka rage ke nan, kowa da sandarsa da nasa tarin. Katsinawa da Kanawan kasuwa sun rufe shaguna sun zo. Akwai kuma waɗanda babu wanda ya san su a gidan. Wani mai facin taya, mutumin Gine, ya durƙusa a bakin zaure yana kuka kamar ubansa ne ya mutu. Da mijina ya tambaye shi inda ya san marigayin, ya amsa da Hausarsa ta koyo:

"Ranar da aka kawo mu daga Assamakka, bakin iyakar Aljeriya, mutane sun ba mu ruwa, sun ba mu burodi. Tsohon nan shi kaɗai ya tambaye ni sunana da sunan garinmu."

Baba maƙwabci, wato Ba'abzinen da katangarmu ta haɗu da tasa tun kafin a haife ni, ya zauna a ƙarshen tabarma ya ja rawaninsa har ƙasan ido. Duk wanda ya yi masa gaisuwa sai ya ɗaga hannu kawai. Abokin shan shayinsa ne aka binne, mutane suka bar shi da shirunsa.

A cikin gida wata tsohuwa ta shigo tana cewa, "Allah ya jiƙan Na-Ƙanƙara." Haka unguwa ke kiran Kawu. Wata amarya da ba ta daɗe da tarewa a layinmu ba ta matso kusa da ni ta yi ƙasa da murya.

"Yaya, da can ƙanƙara yake sayarwa?"

Na ce a'a. Na buɗe baki zan yi mata bayani, sai na ga Inna, matar Kawu, tana dubana daga kan tabarmarta. Na haɗiye maganar.

Tambayar nan ta tsaya mini a rai. Idan tun ba a yi sadakar uku ba an fara zaton mai sayar da ƙanƙara ne, me za a ce bayan mu ma mun kau? Shi ya sa na zauna in rubuta abin da na sani. Na nemi izinin Inna, ta ce in rubuta, amma kada in sa sunan kowa.

Kawu yayan mahaifiyata ne, mutumin Adar, daga ƙasar Tawa. Ya zo Arlit yana saurayi, lokacin garin bai wuce gidajen ma'aikata da bukkokin masu neman aiki ba. Ya fara da riƙe wa masu awon ƙasa sandar nan mai lambobi, daga baya ya koyi duba na'urar mai ƙafa uku, har ya zama shi ke awon, shi ke zana taswira. Allah bai bar musu ɗa ba, shi da Inna. Ina ƙarama mahaifiyata ta sa ni a mota ta ce in je in ɗebe musu kewa. Ban sake komawa Tawa da zama ba.

Ba mutum ne mai sauƙi ba, kada rasuwa ta sa in yi masa kwalliya. Yana da taurin kai, kuma kalmar "yi haƙuri" tana yi masa nauyi a baki. Ya taɓa sauka daga motar haya a tsakiyar hanyar Agadas saboda direba ya karkatar da sunan wata rijiya, ya gyara masa, direban ya ce duk ɗaya ne. Sai da fasinjoji suka yi ta roƙo ya koma ciki. Duk baƙon da ya zauna a ƙofar gidanmu, kafin a ba shi shayi na biyu Kawu ya tambaye shi sunan ƙauyensu da abin da sunan ke nufi. In mutum ya ce bai sani ba, sai ya girgiza kai.

"Sunan wuri labarin wuri ne," yakan ce. "In an ba ka suna ba labari, an ba ka tulu ba ruwa."

Da wannan ne suka shaƙu da Baba maƙwabci. Baba mutumin wajen Gougaram ne, ya yi kiwo kafin ya zama direba, kuma ya san duwatsun Abzin kamar ɗakin uwarsa. Sukan wuni yana faɗa wa Kawu: wannan dutsen sunan itacen da ke gindinsa ya ci, wancan kwarin sunan wata taguwa da ta haihu a cikinsa, wancan kuma rijiya ce da ta ƙafe tun zamanin kakanni amma sunanta bai ƙafe ba. Kawu yana maimaitawa da harshensa na Ba'adare, Baba yana dariya yana gyara masa.

Labarin ƙanƙara kuwa ba ya fitowa sai Inna ta tafi unguwa. Da la'asar sakaliya yakan zauna a ƙofar gida, ya share ƙasa da tafin hannu, ya ɗauki tsinke.

Akwai wani Bature masanin duwatsu da suka yi aiki tare shekaru. Baturen ya bar kamfani ya koma koyarwa a ƙasarsu. Wata shekara suka shirya zuwa wani tsibiri a ƙarshen arewacin duniya don su auna duwatsunsa, suna neman mai awo da ya saba da wahalar daji, sai ya tuna da Kawu. Tafiyar wata uku ce a ƙa'ida. Jirgin sama, wani jirgin saman, sa'annan jirgin ruwa. Turawan Faransa suna kiran tsibirin Spitsberg.

"Ki ɗauki duwatsun Abzin, ɗiyata," yakan ce yana zane, "ki jera su bakin teku daga kudu zuwa arewa, kamar haƙoran zarto. To duk ƙoramar da ke tsakaninsu, inda mu muke da rairayi, ki cika ta da ƙanƙara. Ba irin ta firijo ba. Kogi ne, shina tahiya, amma tahiyar da ido ba ya gani. In ya kai teku sai bakinsa ya karye ya hwaɗa ruwa, ki ji kamar an tashi nakiya a ramin kamfani."

Yakan zana yadda teku ya kutsa cikin ƙasa, dogo siriri kamar yatsa, da yadda kowane kogin ƙanƙara ke gangarowa ya tarye shi. Ya ce a bakin teku duwatsun tsirara suke, baƙaƙe, ana ganin jerin shimfiɗunsu kamar an tara tabarmi. Amma in an shiga ciki, ƙanƙara ta binne su har wuya, kawunansu kawai suka leƙo. Ya ce a saman nan tsagogi ne masu zurfi da dusar ƙanƙara ke rufewa, shi ya sa suke tafiya ɗaure da igiya, kamar ayarin raƙuma. Ɗayansu kullum da bindiga saboda wata farar dabba mai cin mutum. Rana kuwa ba ta faɗuwa, sai dai ta yi ta kewaya sama. Bai taɓa gyara agogonsa ba, ya bar shi a kan lokacin Arlit. In agogo ya ce magariba ta yi a gida, sai ya nemi alƙibla da na'urarsa ya yi salla, rana tana tsaye tana kallonsa.

"Ba ka ji tsoro ba, Kawu?"

"Tsoron mi? Hamadar Tenere ce ta yi hwari. Shirun iri ɗaya ne."

Abin da ya fi daɗewa a kansa shi ne sunaye. Ya ce ba a haifi kakan kowa a tsibirin ba, saboda haka duk sunan da ke can jirgi ne ya kawo shi. Sunan tsibirin kansa yana burge shi, don ma'anarsa "duwatsu masu tsini" ce. Matuƙin da ya fara hangowa ya faɗi abin da idonsa ya gani, bai ƙara gishiri ba. Yana girmama sunayen da mafarautan kifin teku suka bari a gaɓa, don a cewarsa wahalarsu suka raɗa wa wuraren: inda yunwa ta kama su, inda jirgi ya maƙale, inda suka binne ɗan'uwa. Amma jerin duwatsun da su Kawu suka auna sunan wani attajiri yake ɗauke da shi, wanda ya biya kuɗin jirgi bai taɓa taka wurin ba. Kololuwar nan sunan wani sarki, waccan matar wani matuƙi, waccan malamin wani a jami'a. Wasu ma daga hoton da aka ɗauka a jirgin sama aka zauna a ofis aka rarraba musu suna.

"Mutum bai sha ruwan wuri ba, bai kwana cikinsa ba, ya ce sunansa ne. Ina labarin?"

Ya ce ƙasar da ke mulkin tsibirin tana da ofishi guda na sunaye, sai ya amince suna ke hawa taswira. Amma can cikin ƙanƙara akwai kawunan duwatsu da lamba kawai gare su. Masu awo sukan sa musu sunan aiki don su gane wanda ake nufi. Akwai ɗaya da Kawu ya hau da na'ura a bayansa, abokan tafiyar suka ce tunda shi ya fara kaiwa sama, shi zai raɗa masa suna.

Nan labarin ke tsayawa kullum.

"Wane suna ka sa masa, Kawu?"

Sai ya share zanen da ƙafa. "Tashi ki ɗora ruwa. Innarki ta kusa dawowa."

Tun ina yarinya na gane Inna ba ta son zancen. In yara suka tsaya a ƙofa suna kiran Na-Ƙanƙara, da muciya take korarsu. Akwai wata ƙatuwar riga mai gashi a wuya da Kawu ya dawo da ita, tana ƙasan akwati. Wata shekara da sanyi ya yi tsanani Inna ta ciro ta ta ba wani maigadin shaguna, ba ta yi shawara da kowa ba. Muna tare da Kawu a kasuwa ya gan ta a jikin mutumin. Ya tsaya, ya gaishe shi, ya gyara masa wuyan rigar ya nuna masa yadda ake ɗaure ta. Da muka koma gida bai ce uffan ba. Ita ma ba ta ce ba. Na ɗauka irin rashin jituwar manya ce da yaro ba ya tambaya.

Sai da na haihu na san gaskiya. Haihuwar fari ce, na zo wanka gida. Mijina, bakanike ne mutumin Maradi, ya so ya girmama Kawu. Ya zo da safe ya durƙusa a tsakar gida, ina ɗaki ina jin su ina hango su ta ƙofa, Inna tana bakin murhu tana dama mini kunun kanwa.

"Baba, kai ka riƙe ta. Ina so kai ka zaɓa wa yaron suna."

Kafin Kawu ya amsa, Inna ta ce, ba tare da ta ɗago ba, "A bar shi ya zaɓa. Ai gwani ne. Dutse ma ya raɗa wa."

Na ji Kawu ya ajiye butarsa.

"Baiwar Allah, har yanzu?"

"Har gobe, Malam."

"A gaban suruki?"

"Ni a gaban wa aka yi mini? Kowa a layin nan ya gani."

"Na tahi ne don in cuce ki? Ni na riƙe jirgin?"

"Na ce kada ka tafi. Da bakina na faɗa, ina riƙe da rigarka."

Ban taɓa jin muryar Inna tana rawa haka ba. Sai Kawu ya ce wa mijina, "Na gode, ɗana. Kai wa mahaihinka wannan girman, shi ya cancanta." Ya sa takalmi ya fita. Har ranar suna ba su yi wa juna magana ba. Tana zuba masa abinci ta aika, yana ci ya mayar da kwano.

Baba maƙwabci ne ya warware mini, ranar da ya shigo ganin jariri. Na roƙe shi. Ya duba ƙofa, ya zauna a bakin gado, ya ba ni labarin da Hausarsa da ba ta raba mace da namiji.

Ya ce sun yi shekaru da aure babu haihuwa, sai ga ciki. Cikin ya yi nisa kiran Baturen ya zo. Kawu ya yi lissafi ya ga zai dawo kafin watan haihuwa. Inna ta roƙe shi, ta ce ba ta da kowa a garin nan, danginta suna Damagaram. Ya ce irin wannan dama ba ta zuwa sau biyu. Sun riga sun yi magana cewa in namiji ne sunan mahaifin Kawu za a sa masa.

"Innarki ya haihu kafin lokaci," in ji Baba. "Matata ne ya karɓi yaron. Ƙarami, kamar ɗan akuya. Ni na yi masa kiran salla a kunne. Aka ce in yi huɗuba da suna, na ce a'a, suna na uba ne, a jira. Na ɗauka zai rayu. Bai kai bakwai ba."

Shi ya ɗauke shi a hannu zuwa maƙabarta. Babu hanyar aika saƙo inda su Kawu suke. A can kuma ƙanƙara ta tare jirgin da zai kwaso su, suka ƙara makonni. Da aka ji ranar dawowarsa, Baba ya tafi filin jirgin kamfani don ya tare shi ya faɗa masa kafin ya isa gida. Ashe Kawu ya sauka Agadas, ya kasa jira, ya hau babbar mota. Ta wata hanyar ya shigo gari.

Matar Baba tana tsakar gidanmu Kawu ya faɗo da jakarsa yana dariya. Ya san ko ta yaya an haihu.

"Ina babana? A hito mini da shi in gaya masa shina da dutse a ƙasar Turawa. Sunansa na sa."

Inna tana zaune a bakin ƙofar ɗaki. Ta dube shi ta ce, "Ka kai sunan ka ba dutse. Shi ya tafi babu."

Ba ta sake samun ciki ba.

Baba ya ce bayan wasu shekaru Baturen ya zo Arlit ziyara, ya zauna a ƙofar gidan nan ya sha shayi. Cikin jin nauyi ya gaya wa Kawu cewa ofishin sunaye bai karɓi nasa ba, an ba dutsen sunan wani. Kawu ya ce madalla. Da baƙon ya tafi ya ce wa Baba, "Ka gani. Bai zauna kan yaro ba, bai zauna kan dutse ba."

Daga ranar na fara fahimtar wata ɗabi'arsa da muke yi wa kallon neman wahala. Tun da ya bar aiki, duk lokacin da aka ji an kawo mutanen da aka koro daga Aljeriya, sai ya ɗauki sandarsa ya tafi inda aka sauke su. Ba shi da abin ba su mai yawa. Yakan zauna a cikinsu yana tambayar kowa sunansa da garinsu, da Hausa, da Faransanci, da hannu in harshe ya ƙare. In wani ya mutu a cikinsu, Kawu yana sahun gaba.

Akwai wani saurayi da ya cika a cikin mota kafin a iso gari. Babu takarda a jikinsa, babu wanda ya ce nasa ne. An yi masa wanka, liman yana jira, Kawu ya ce a dakata.

"Alhaji, rana tana yi," in ji liman. "Allah ya san sunansa."

"Ya sani, Malam. Mu ne ba mu sani ba."

Ya bi mutanen rukuni rukuni, cikin zafin nan na Arlit da ke narkar da takalmi, har ya samu wata mata da ta ce ta ji abokan tafiya suna kiran yaron da wani laƙabi. Ba sunan yanka ba ne, ba ta ma san ko na wasa ba ne. Kawu ya ce ya isa. Ya dawo ya faɗa wa liman, aka yi salla. Ya iso gida leɓɓansa sun bushe. Inna ta miƙa masa ruwa ta tsaya a kansa har ya shanye. Ba ta yi masa faɗan fita rana ba, ita da take yi masa faɗa a kan komai.

Tarin ya fara ne kamar na kowa a garin nan. Ya yi ta ƙaruwa, aka kwantar da shi asibiti, aka sallame shi, aka sake kwantarwa. A ƙarshe ya ce a mayar da shi ɗakinsa. Na dawo gidan da zama don in taimaki Inna.

Wata safiya ya ce a kira masa Baba maƙwabci. Yana so a kai shi tsohuwar maƙabarta. Muka hana, ya ƙi. Mijina ya kawo mota, suka tafi su uku. Mijina ya ce tsofaffin nan biyu sun yi ta yawo a cikin kaburbura, ɗaya yana riƙe da ɗaya. Baba yana cewa kusa da wata ƙaya ne, ƙayar kuwa babu ita. Ƙananan kaburburan duk sun baje sun zama ƙasa ɗaya. Mutumin da ya yi rayuwarsa yana auna ƙasa ya tsaya a tsakiyar fili bai san inda zai fuskanta ba. Ya ɗaga hannu ya yi addu'a ga duk wanda ke wurin, suka dawo.

Na kwantar da shi, na ba shi koko cokali biyu ya kau da kai. Inna ta shigo da ruwan ɗumi za ta goge masa ƙafa. Na tashi zan fita, ya ce in zauna.

"Baiwar Allah," ya ce, numfashinsa yana sarƙewa, "ban same shi ba. Ki yahe mini. Kin ce kada in tahi."

A iya sanina wannan ne karo na farko da ya faɗa. Inna ta ci gaba da matse tsumma a cikin kwano. Ta goge ƙafa ɗaya, ta goge ɗayar. Sa'annan ta ce:

"Yana da suna, Malam."

Kawu ya buɗe ido.

"Da maƙwabci ya fita neman likkafani, an bar ni da shi. A'a, kafin nan ma, da sauran numfashinsa. Na ga ba zai kai ba. Na ɗauke shi na faɗa masa a kunne. Sunan mahaifinka. Ban taɓa furta sunan nan ba kafin ranar, ban kuma sake ba. Amma ya ji. Ya motsa hannu."

"Mi ya hana ki hwaɗa mini?"

"Na so ka ɗanɗana abin da na ɗanɗana. Da na huce kuma, sai na rasa ta inda zan fara." Ta ajiye tsumman. "Kai ma ka yafe mini."

Kawu ya juya fuskarsa bango. Kafaɗunsa suna motsi, na ɗauka tarin ne zai taso, na miƙa hannu zan ɗaga shi. Inna ta riƙe ni. Can muka ji ya ce, "Alhamdu lillahi. Ashe babana bai tahi hakanan ba."

Bai ƙara wata guda ba a duniya. A kwanakin nan Inna ta mayar da tabarmarta ɗakinsa. Nakan ji su suna hira ƙasa ƙasa, wani lokaci har da dariya, irin wadda ban taɓa ji a gidan ba tun zuwana. Ba ni da masaniyar abin da suke faɗa, ban kuma tambaya ba.

Bayan sadakar arba'in mutane suka ɗauke ƙafa, gidan ya koma ni da ita. Wata rana da azahar muna zaune a inuwar ɗaki ina tsince shinkafa, ta ce:

"An ce wayar nan taku tana nuna ko'ina a duniya."

"Tana nunawa, Inna."

"Nuna mini wurin."

Na gane wurin da take nufi. Na rubuta sunan tsibirin, hotuna suka fito. Na miƙa mata. Ta riƙe wayar nesa da fuska kamar yadda take riƙe allura in za ta zura zare. Ga teku, ga jerin duwatsu baƙaƙe masu tsini, ga fari shimfiɗe a tsakaninsu.

"Wanne ne nasa?"

"Ban sani ba, Inna. Suna da yawa, kuma sunan da ya sa ba ya kan taswira."

"Ƙanƙarar ke nan? Na ɗauka ta fi haka."

"An ce tana narkewa. Ta ja baya daga inda suka same ta."

Ta sa yatsa ta tura hoton, wani ya fito, ta sake turawa. Ta daɗe tana kallo. Shinkafar tana gabana na manta da ita.

"Ko itace babu," ta ce a hankali. "Da me bawan Allahn nan ya ji ɗumi?"

Ta miƙo mini wayar, ta ja mayafinta ta rufe fuska.

Allah ya jiƙan Kawu, ya yafe masa taurin kansa, ya saka masa da alherin baƙin da ya raka kabari. Allah ya ba Inna haƙurin zaman da ya rage mata. Ya sada shi da yaronsa a inda babu rabuwa, ya kira shi da sunansa, yaron ya amsa.